Kafin Ka Kwance Goɗiyar Nan Daga Turke

Ɗana,

 Saƙonka ya iso ni ran Talata, na kwana biyu ina juya shi a rai kafin na ɗauki alƙalami. Ka ce wani dillali ya zo har gida sau biyu, ya taya goɗiyar da mahaifinka ya bari, Allah ya ji ƙansa, ita da 'yar duƙusarta, da kuɗin da ba ka taɓa zato ba. Ka ce in ka yi ciko kaɗan za ka sami dogon ingarma kili da za ka fita hawan Sallah da shi, abokanka su daina cewa ka hau ƙuru. Na ji daɗi da ka nemi Baffanka kafin ka sallama. Dukiyarka ce, gado ne ya kawo ta hannunka, ba ni da ikon hana ka. Amma tunda ka tambaya, zan gaya maka abin da idona ya gani a wata ƙasa mai nisa, da abin da hannuna ya aikata a cikin gidanmu.

Ka san aikin koyarwa ya taɓa kai ni Lesotho a farkon shekarun 1990, kana goye a lokacin. Ƙaramar ƙasa ce da Afirka ta Kudu ta kewaye ta ko'ina, kamar gwaiduwa a cikin ƙwai. Duwatsu ne zalla. Wurin da ya fi ko'ina kwari a ƙasar yana kan mita 1,400 sama da teku, wato kwarinsu ma ya fi garin Jos tudu. Makarantar da aka tura ni tana gundumar Mokhotlong, can gabas, inda dutsen Thabana Ntlenyana yake tsaye da mita 3,482. A watannin Yuni da Yuli, sa'ad da ku nan kuke tsakiyar damina, mu can dusar ƙanƙara ke rufe mana hanya. In na manta buta a waje, da asuba sai in tarar ruwan alwala ya zama dutse. Ƙauyuka da yawa ko mota ba ta isa. Buhun masara, maganin asibiti, wasiƙa, mai naƙuda, gawa, duk a bayan doki ko jaki suke hawa su sauka.

Ranar da na fara ganin dawakinsu a bakin wani kanti, raina bai ba ni komai a kansu ba. Na tashi a gidan doki, idona ya saba da na fada masu dogon wuya da jalala har ƙasa. Waɗannan kuwa gajeru ne, da wuya ka ga wanda ya wuce santimita 147 daga ƙofato zuwa kan kafaɗa, yawancinsu ma ba su kai haka ba. Kai ɗan babba, gadon baya mai ɗan tsawo, ƙafafu gajeru masu kauri, gashi ya yi buzu-buzu saboda sanyi. Galibi jajaye ne ko masu ruwan ƙasa, sai fari-fari jefi-jefi. Mahayansu sun lulluɓe da bargo mai kauri, sun maƙale shi da babban fil a kafaɗa, ƙafa cikin dogon takalmin roba. Babu ado, babu kwalliya. Abin da kawai ya tsaya mini a ido shi ne ƙofato: da yawansu ba a buga musu ƙarfe ba, a ƙasar da ko'ina ka taka baƙin dutse ne, amma ban ga tsaga ba.

Wata uku da zuwana, wani ɗalibina mai ƙoƙari ya daina zuwa aji. Aka ce uban ya mai da shi kiwo. Na ƙudura sai na je na ga uban. Tafiyar wuni ce, wani dattijo maƙwabcin makarantar ya ara mini dokinsa, ya hau wani ya raka ni, da wani yaro mai yi mana tafinta. Hawa bai dame ni ba. Da muka zo gangarawa wani kwazazzabo da rafi ke gudu a ƙasansa, sai hanya ta tsuke, faɗinta bai fi kamu biyu ba, dama bangon dutse, hagu rami wanda in ka jefa tsakuwa ba ka jin faɗuwarta. Tsoro ya kama ni. Na yi abin da hannuna ya saba, na tattare linzami na ɗaga kan dokin sama, irin riƙon da muke yi wa namu in za a yi zamiya. Dokin ya tsaya cik, ya girgiza kai, ƙafarsa ta baya ta zame, tsakuwa ta zubo. Dattijon ya daka mini tsawa daga baya. Ban ji yarensa ba, amma yaron ya ce, "Malam, wai ka sake masa kai, ka hana shi ganin ƙasa."

Na saki. Wallahi ɗana, ban taɓa yin abin da ya yi mini wuya kamar buɗe hannun nan ba. Dokin ya sunkuyar da kai har hancinsa na kusan taɓa dutse, ya tsaya kamar mai lissafi, ya ɗora ƙofato ɗaya, ya gwada, sannan ya sauke nauyinsa. Inda dutsen ya yi sulɓi sai ya tattara ƙafafun baya ƙarƙashin cikinsa ya zame kaɗan da gangan, ya tsaya daidai inda ya nufa. Haka muka sauka har rafi, ni ina ta salati, shi yana aikinsa. Da muka tsallaka, dattijon ya matso ya dafa wuyan dokin, ya ce da ni ta bakin yaron: uwar wannan ta bi hanyar nan, uwarta ma ta bi. Bai ƙara komai ba. Yaron da na je nema ya dawo makaranta bayan sati biyu, amma wannan wani labarin ne.

A dawowa, inda ƙasa ta ɗan miƙe, na lura da wani abu kuma. Dokin ya shiga wata tafiya da ta fi taku sauri, amma ba sassarfa ba ce, don ba ta jijjiga mutum. Ƙafar gaba da ta baya na gefe ɗaya suna tashi kusan tare, sannan na ɗaya gefen, kai kuwa kana zaune a sirdi kamar a kan tabarma. Awa biyu yana yi bai jiƙe da gumi ba. Turawan Boer na Afirka ta Kudu suna kiran wannan tafiya trippel, kuma saboda ita suke son dokin, don mai tafiyar kwana da kwanaki ya san abin da sassarfa ke yi wa ƙugu. Shekaru bayan na dawo gida na karanta cewa a 2012 masana a Jami'ar Uppsala ta ƙasar Suwidin sun gano ƙwayar halittar da ke ba doki irin wannan tafiya, a binciken da suka yi kan dawakin Iceland. Ashe a jini take. Horo yana gyara ta, amma in babu ita a iri, ko shekara goma ka yi kana horo wahala kawai za ka sha.

Na ɗauka dokin nan tun fil azal yake a duwatsun. Da na sami hutu na je Morija, inda 'yan mishan na Faransa suka sauka a 1833 kuma ake ajiye tsofaffin takardun ƙasar, sai na tarar ba haka ba ne. Kudancin Afirka kaf ba su san doki ba sai jakin dawa. Kamfanin cinikin Turawan Holan ne ya sauke dawaki na farko a Cape a 1653, shekara ɗaya bayan Jan van Riebeeck ya kafa zango a wurin, kuma daga tsibirin Java na Indunusiya aka kawo su. Daga baya aka ƙaro masu jinin Farisa da na Larabawa, sannan da Ingilishi suka karɓi Cape aka shigo da dawakin tsere na Ingila, musamman zamanin gwamna Lord Charles Somerset, daga 1814 zuwa 1826. Wannan gauraye shi ya ba da dokin da ake kira dokin Cape. Ko sunan doki a harshen Sesotho, pere, aro ne daga perd na Turawan Boer. Ka ga kenan kakannin gajeren dokin da ya sauke ni kwazazzabo, dawakin sarakuna ne da na filin tsere.

Yadda ya shiga hannun Basotho, mutanen ƙasar, kuwa, ta hanyar wuya ya shiga. Sarkinsu Moshoeshoe na Ɗaya ya tattara mutanen da yaƙe-yaƙen zamanin suka tarwatsa, ya hau da su dutsen Thaba Bosiu a 1824. Ba a jima ba mahara na Korana da Griqua suka fara kawo musu farmaki a kan dawaki, da bindiga a hannu, su kore shanu su ɓace kafin mai mashi a ƙasa ya yi taku goma. Moshoeshoe bai tsaya kuka ba. Ya gane abin da aka fi shi da shi, ya sa mutanensa neman doki da bindiga ta kowace hanya: wanda aka ƙwato a fagen fama, wanda aka musanya da shanu, wanda saurayi ya yi ƙodago a gonar Bature aka biya shi da shi. Wajen 1830 aka fara. Ka riƙe wannan shekara, don ka ji abin da ya biyo baya. A Disamban 1852 gwamnan Ingilishi Sir George Cathcart ya zo da runduna ya ci tarar Moshoeshoe shanu 10,000 da dawaki 1,000. Mutanen da shekara ashirin da 'yan kai kafin nan ba su san sirdi ba, ga shi har ana cin su tarar doki dubu. Da tarar ba ta cika ba aka gwabza a tudun Berea, mahaya kusan 6,000 suka fito wa Cathcart, ya ga abin da bai zata ba. Sarkin, da yake mai hangen nesa ne, ya aika masa takardar neman sulhu a daren, ya ba shi hanyar janyewa ba tare da kunya ba. A yaƙin bindigogi na 1880 zuwa 1881 ma, da gwamnatin Cape ta ce su miƙa makamansu, a kan waɗannan dawaki suka tsaya, kuma ba su miƙa ba. Shi ya sa in ka dubi tambarin ƙasar Lesotho za ka ga dawaki biyu riƙe da garkuwa, kamar yadda namu na Nijeriya yake da fararen dawaki biyu.

To me ya mai da dokin Cape gajere mai ƙofaton ƙarfe? Dutse ne da sanyi, da kuma irin mahayin da ya samu. Basotho ba sa gina wa doki barga, ba sa auna masa hatsi. A waje yake kwana cikin ƙanƙara, ciyawar da ya tono ita ce abincinsa. Mahayansu kuma ba sa tsoro, inda kai za ka sauka ka ja ragama su a sukwane suke bi. Duk duƙushin da ƙirjinsa bai da faɗi, ko ƙofatonsa mai taushi ne, ko mai firgita ne a bakin rami, bai kai shekarun haihuwa ba. Wanda ya rage shi ya haifi na gaba. Shekara hamsin ana wannan tankaɗe da rairaya. Dutsen kuma ya yi musu wata rana: akwai annobar dawaki da wasu ƙananan ƙwari masu cizo da dare ke yaɗawa, tana share garke a ƙasashen kwari masu ɗumi da laima, amma sanyin tudu yana kashe ƙwarin. Sai ya zamana a ƙasa dawaki na mutuwa, a sama suna yaɗuwa. Kafin ƙarshen ƙarni na 19 sunan dokin Basotho ya kai duk inda ake maganar doki a kudancin Afirka.

Sunan nan shi ya jawo masa. Nan nake so ka nutsu, don saboda wannan na ɗauko labarin tun daga farko.

A 1899 yaƙi ya ɓarke tsakanin Ingila da Turawan Boer, aka yi ta yi har 1902. Ingilishi suka yi ta jigilar manyan dawaki a jiragen ruwa daga Ingila, Amurka, Ajantina da Ostareliya. Dawakin suna sauka, ba su huta ba, ba su san ciyawar ƙasar ba, ba su san cutarta ba, sai a ɗora musu soja da kayansa. Suka yi ta zubewa a hanya. Ɓangaren Ingila kaɗai ya yi asarar dawaki fiye da 300,000, abin da ya sa har aka gina musu abin tunawa a Port Elizabeth a 1905. Da hafsoshi suka ga gajeren dokin dutse yana tafiyar da nasu ba sa iyawa, a kan abincin da nasu ba za su rayu da shi ba, sai masu saye suka hau Basutoland, kamar yadda ake kiran ƙasar a lokacin, da jakunkunan kuɗi. Farashi ya tashi irin wanda ba a taɓa ji ba. Mutane suka yi ta sayarwa. Dubbai suka fita, masu rubuta tarihin dokin suna kai adadin har 30,000, kuma kaɗan ne suka dawo.

Ka yi tunani a kan wanda mai saye yake zaɓa. Ba ya ɗaukar gurgu, ba ya ɗaukar mai tari. Yana ɗaga ƙofato, yana buɗe baki, yana ware na gari. Wanda ya ƙi, shi ake mayarwa garke, kuma shi zai haifi na baɗi. Kowane mai doki ya ga kamar ya ci riba, kuma in aka bi mutum ɗaya-ɗaya ya ci ɗin. Amma ƙasar gaba ɗaya ta sayar da irin shukarta ta karɓi kuɗi. Ban ga laifinsu ba, talauci ne da haraji, kuma ba wanda ya zo ya zaunar da su ya yi musu lissafin shekara talatin masu zuwa. Da aka farga, sai hukumar mulkin mallaka ta ce za ta gyara, ta kawo ingarmun Larabawa da na tseren Ingila a haɗa da goɗiyoyin da suka rage. 'Ya'yan suka fito dogaye, kyawawa a ido, amma ƙafa siririya, ciki mai son hatsi, jiki mara jure ƙanƙara. Ga jama'a ta ƙaru, tumaki da awaki sun cinye makiyaya, zaizayar ƙasa ta tsattsaga gangare. Wajen 1950 masana suna fargabar dokin Basotho na asali ya kusa ƙarewa.

Abin da aka sayar cikin shekara uku, an fi shekara hamsin ana neman maido shi. A 1952 ma'aikatar gona ta Afirka ta Kudu ta tara 'yan ƙalilan da ta samu masu siffar asali a gonar gwaji ta Nooitgedacht kusa da Ermelo, ta yi ta tacewa, har aka sami irin da ake kira da sunan gonar a yau. A Lesotho kanta, a ƙarshen shekarun 1970 gwamnatin Ireland ta taimaka aka kafa gidan kiwon dawaki na ƙasa a Thaba-Tseka, aka kawo ingarmun Connemara. Ka lura da wanda suka zaɓa a wannan karo: Connemara shi ma gajere ne, ɗan duwatsu da ruwan sama na yammacin Ireland. Sun koyi cewa tsawo ba shi ne abin da ya ɓace ba. Dokin da na hau jikan wannan farfaɗowa ne da na ragowar da ke can ƙuryar duwatsu inda masu saye ba su kai ba. Duk da haka dattijon nan ya sha gaya mini cewa na zamanin kakansa sun fi.

Yanzu bari in dawo gida, in gaya maka abin da ban taɓa gaya maka ba. Kakanka yana da wata 'yar goɗiya bidi, gajera, wadda yake zuwa cin kasuwannin ƙauye da ita. Ta haifi mata biyu a jere, ya ba ni ta farin, ya ba mahaifinka ta biyun. Shekarar da zan yi aure na ga wani dogon akawal a hannun wani bafatake, na kasa barci. Kakanka ya ce in bari, na ƙi ji. Na sayar da tawa, na haɗa da kuɗin gyaɗata na saye shi. Ranar hawan angonci an yi kallo, ba ƙarya. Amma dokin nan in bai ci dawa kwano biyu a rana ba sai haƙarƙari ya fito. In damina ta sauka, hanyar fadama ta yi laka, ba ya kai ni gona. A damina ta uku ƙafarsa ta gaba ta kumbura, ba ta sake saɓewa ba, na rabu da shi a kuɗin da bai kai rabin abin da na zuba ba. Na koma neman goɗiyata, aka ce an wuce da ita kudu. Ban sake jin ɗuriyarta ba.

Mahaifinka, da yake ya fi ni haƙuri ko da yake ni ne babba, ya riƙe tasa. A farin 1984, da mutane ke rabuwa da dawaki don ba abin ba su, tasa ta rayu a kan karan dawa da ɗan harawa da dusa, har ta yi ciki a shekarar da ta biyo. Wadda ke ɗaure a turkenka yau daga tsatsonta ta fito, uwa ta haifi 'ya, 'ya ta haifi 'ya, ba a taɓa yankewa ba. Reshena na yanke shi da hannuna. Naku kaɗai ya rage, kuma dillalin nan yana son uwar da 'yar a lokaci guda. Ka tambayi kanka abin da ya gani da har ya dawo sau biyu. Mutumin da sana'arsa doki ce ba ya zuba kuɗi irin wannan don tausayi. Ya ga ƙirjin, ya ga ƙofaton, ya ga yadda take tafiya ba ta jijjiga mahayi. Abin da abokanka suke yi wa dariya shi ya zo saye.

Kuma kalmar ƙuru da suke jifanka da ita, ba zagi ba ce ga wanda ya san tarihi. A tudun Jos, Birom da Mwaghavul da Ron sun daɗe da gajerun dawakinsu da suke hawa ba sirdi, suna farauta da yaƙi a kansu cikin duwatsun da manyan dawaki ke shan wuya. A bakin kogin Logone, tsakanin Chadi da Kamaru, mutanen Musey suna da nasu da ke zaune a ƙasar ruwa da ƙudan tsando. Na tudun Jos yanzu sai ka yi da gaske kafin ka ga ɗaya. In gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, ka san abin da ake yi.

Sai dai kada ka fahimce ni a karkace, ka ce Baffa ya ce wahala ce ke gyara doki, ka bar ta da yunwa. Gajarta iri biyu ce. Akwai ta jini, wadda za ka ga dabba ƙarama amma a cike, ƙashi mai kauri, ido mai haske. Akwai ta yunwa, wadda duƙushi ke tsumburewa don uwarsa ba ta da nono, ko an ɗora masa sirdi tun ƙashinsa bai yi ƙwari ba. Na ga irin ta biyun da yawa a Lesotho, dawaki masu gyambo a gadon baya saboda sirdin da bai dace ba, kuma raina ya ɓaci. Juriyar dabba ba hujjar zaluntarta ba ce, amana ce za a tambaye ka. Ka ba ta harawa da dusa a kan kari, ka jiƙa mata kanwa, ka kira malamin dabbobi ya ba ta maganin tsutsar ciki farkon damina da ƙarshenta. 'Yar duƙusar kada kowa ya hau ta hawan gaske sai ta cika shekara huɗu. In lokacin haɗa uwar ya yi, kada tsawo ya ruɗe ka. Ka nemi ingarma mai irin gininta, ka tambayi aikin da ubansa da uwarsa suka yi, ka ga yadda yake dawowa daga tafiyar wuni. Goɗiya wata goma sha ɗaya take ɗaukar ciki, ɗa ɗaya take haifa, wani lokaci ta tsallake shekara. Kuskuren haɗi ɗaya sai ka yi shekara biyar kafin ka gane shi, sannan wata biyar kafin ka gyara.

Sha'awar hawan Sallah kuwa, ban raina ta ba. Na san abin da saurayi ke ji in an buga tambari, ya ga tsaransa sun jeru a kan dogaye da alkyabba, ni ma ita ta ɗebe ni. Dogon ingarma yana da ranarsa, kuma ranar tana da kyau. Amma kwana nawa ne a shekara? Ƙaramar Sallah da babba, in ka haɗa duka hawan bai fi kwana goma ba. Sauran kwanakin gona ce da kasuwa da zumunci a ƙauyukan da babur ke maƙalewa in ruwa ya sauka. In hawan ne ya tsaya maka a rai, akwai masu ba da aron doki, kuma ni zan biya maka na bana. In kuma kuɗi ne ya matse ka ka ji nauyin faɗa, ka gaya mini, ni da kai ba ɓoye-ɓoye. In goɗiyar ta haifi namiji nan gaba, ka yi masa horo ka sayar da shi da daraja, ba zan ce uffan ba. Matan dai su zauna a gida.

Ran Juma'a mai zuwa, in Allah ya kai mu, zan shigo bayan an sauko daga masallaci. Ka gaya wa yaron da ke yi mata ciyawa kada ya fita da ita kilisa da safen, ina so in ɗaga ƙafafunta huɗu in duba, in kuma ga haƙoran 'yar. Zan taho da kanwa da tsohuwar ragamar kakanka da ke rataye a ɗakina. In dillalin ya riga ni zuwa, ka shimfiɗa masa tabarma, ka ba shi ruwa, ka ce Baffanka yana tafe.

Ka gaishe mini da mahaifiyarka da kyau, ka shafa kan yara.

Baffanka